Yadda Na Gyara Zizar Gita Bayan Na Sauya Saitin Tsirkiya

Na mayar da gitata kan saitin E, G#, C, E, G#, C, wanda Ralph Patt, makaɗin jaz na Amurka, ya fara amfani da shi a 1964. Tsakanin kowace tsirkiya da ta kusa da ita gaɓa 4 ce (gaɓa ita ce matakin sauti da aka raba da ƙarfe a wuyan gita), don haka kamun yatsu ɗaya yana aiki ko'ina a wuyan gita. Daɗinsa ke nan.

Sai dai tsirkiyoyi biyar sun sauka ƙasa da saitin da aka saba, siririyar ma har gaɓa 4. Suka saki, suna ziza. Ga hunturun Jos mai busar da katako. Na sa masu kauri a gurbin sirara uku, na ɗan sassauta ƙarfen da ke cikin wuyan, zizar ta ɗauke.

Abin da ya fi cin rai shi ne saiti da kunne. Kunne yana son tazara mai zaƙi ta kusan santi 386 tsakanin tsirkiya da ta kusa da ita (santi ma'aunin sauti ne, 100 ke yin gaɓa ɗaya), alhali gaɓoɓin gita an yanka su kan 400. In ka jera uku masu zaƙin, E ta sama za ta gaza da santi 41, mai saksofon ɗinmu kuwa ba ya yafe wannan. Yanzu E ta ƙasa, wato tsirkiya mafi kauri, nake fara saitawa da na'ura, in danna gaɓa ta 4 in daidaita ta gaba da ita, sannan in gwada E biyun tare.