Yadda za ka zaga tsohuwar unguwar Yahudawa ta Fas a ƙafa, kai da ɗan jagora

Mutanenmu da yawa suna zuwa Fas ziyarar Shehu Ahmadu Tijjani, a sauka, a yi zawiyya, a leƙa masallacin Ƙarawiyyin da hubbaren Maulaya Idris, a sayo jallabiya da turare a kamo hanyar gida, amma da wuya ka ji wanda ya ce maka ya shiga Mallah. Mallah ɗin nan ita ce unguwar da Yahudawan Fas suka zauna shekaru kusan ɗari biyar, kuma ita ce ta farko a duk ƙasar Maroko, daga baya ne Marrakesh da sauran garuruwa suka yi tasu. In kana da rabin yini a hannu toh ga yadda za ka yi ta, kuma a ƙafa ake yi, mota ba ta da amfani a nan.

Fara da neman ɗan jagora na gaske. A Fas masu wannan sana'ar iri biyu ne, akwai masu lasisin ma'aikatar yawon buɗe ido da katin shaida a wuya, akwai kuma samarin da za su tare ka a bakin ƙofa su ce hanya a rufe take su ne za su nuna maka wata. Ka sa masaukinka su haɗa ka da mai kati, ku yi ciniki tun kafin a ɗaga ƙafa, awa nawa ne, dirhami nawa ne, da wane yare zai yi maka bayani, don yawancinsu Larabci da Faransanci suka fi iyawa, mai Turanci sai an nema. Sannan ka gaya masa ƙarara cewa tarihi ka zo gani ba kantin dardumai ba, in ba haka ba wallahi rabin lokacinka a shagon abokinsa zai ƙare kana shan shayin na'ana'a ana shimfiɗa maka kaya. Kuma ka gwada shi da tambaya ɗaya tun a waya, ka ce me ya faru a Mallah a 1912? In ya yi ta kame-kame nemi wani.

Ranar Asabar ba ranar zuwa ba ce, ita ce ranar hutun Yahudawa, za ka iya tarar da maƙabarta a kulle. Juma'a kuma shaguna da yawa ba sa buɗewa. Zaɓi wata rana daga Lahadi zuwa Alhamis ka fita da hantsi kafin rana ta buɗe, ka sa takalmi mai daɗin tafiya, ka riƙe canji a aljihu saboda kowace ƙofa akwai mai gadi da za ka ɗan ba wani abu.

Ƙaramar jar tasi za ta sauke ka a dandalin Alawiyyin, gaban manyan ƙofofin fadar sarki masu ƙyallin tagulla. Kowa hoto yake tsayawa ɗauka ya wuce, amma kai tsaya ka duba inda Mallah take, a jikin katangar fada take kamar an manna ta. Wannan shi ne mabuɗin labarin gaba ɗaya. Sarakunan Banu Marin ne suka gina wannan sabon ɓangaren gari, Fas Jadid, a 1276, kuma a lokacin Yahudawa suna can cikin tsohon gari tare da kowa, har yanzu akwai unguwar da ake kira Funduƙul Yahudi a wajen Bab Gisa. Shekarar da aka fi kawowa ta kwaso su zuwa nan ita ce 1438, jim kaɗan bayan an ce an gano kabarin Maulaya Idris na biyu, tsohon gari ya ƙara alfarma. Su ahlul zimma ne, suna biyan jizya, sarki kuma shi ke da alhakin kare su, ga shi yana buƙatarsu a harkar zinariya da buga kuɗi da tafinta da fatauci, sai ya ajiye su kusa da shi. Kariya ce, amma kuma killacewa ce, da daddare rufe ƙofofin unguwar ake yi. Kuma duk ran da aka yi fushi da sarki su ne a bakin hanya, kamar a 1465 da mutanen gari suka yi wa sarkin ƙarshe na Banu Marin bore saboda ya ɗaukaka wani Bayahude a fadarsa, aka kashe sarkin, aka kusa ƙarar da mutanen Mallah.

Daga nan ku gangara maƙabarta, ba nisa. Nan ne wurin da ya kamata ka fi daɗewa. Fararen kaburbura ne fes an shafe su da farar ƙasa, masu ƙobaren baya kamar an kifa rabin ganga, jere-jere har gangaren tudu, wasu da rubutun Ibrananci kawai, na baya-bayan nan kuma har da Faransanci, kana iya karanta suna da shekara. Za ka ga ƙananan duwatsu an ɗora a kan wasu, al'adarsu ce in sun ziyarci mamaci, kar ka kwashe da sunan gyara. A jikin wasu akwai ɗan rami da ya yi baƙi ƙirin da hayaƙin kyandir. Ka bar hularka a kai, su ma maza rufe kai suke yi a irin wurin nan, kar ka taka kabari, kar ka zauna a kai don hoto.

Ɗan jagora zai kai ka kabarin malaminsu Yahuda bin Attar wanda ya rasu a 1733, zai kuma kai ka na Sulika, yarinyar Tanja 'yar shekara 17 da aka fille wa kai a Fas a 1834. An yi shaida a kanta cewa ta musulunta sannan ta koma, ita kuma ta dage ba ta taɓa barin addininta ba. Labari ne mai nauyi ga Musulmi ya saurara, kuma nan ne za ka gane ko ɗan jagoranka na ƙwarai ne, wasu sukan yi sauri su wuce da kai suna ta maimaita cewa ai nan lafiya lau aka zauna tun fil azal. An zauna lafiya shekaru masu yawa, gaskiya ne, ana ciniki ana maƙwabtaka, har matan Musulmi suna zuwa kabarin nan suna kiranta Lalla Sulika. Amma wanda ya ba ka zaƙin kawai ya ɓoye ɗacin bai ba ka tarihin Fas ba.

Sai majami'ar Ibn Danan, wurin ibadar Yahudawa, ginin ƙarni na 17 da aka gyara aka sake buɗewa a 1999. Ƙofarta ba ta da bambanci da ƙofar gidan kowa, in ba a nuna maka ba wucewa za ka yi. A ciki abin da zai ba ka mamaki shi ne yadda ba ta yi maka baƙunta ba, irin tayil ɗin nan kore da fari da sassaƙen katako da fitilu masu lilo da ka gani a masallatai da makarantun Fas, ai magina ɗaya ne. Ka ce a nuna maka ma'ajin katako a jikin bango inda ake ajiye Attaura, naɗaɗɗiya ce a rubuce a kan fata, da mumbarin da ake karanta ta, da benen mata a sama. Akwai wata matsattsiyar matattakala da ke sauka ƙasa zuwa ɗan kwarmin ruwa inda suke wankan tsarki, sauka a hankali akwai duhu. In an bari ka hau soro za ka hango maƙabartar gaba ɗaya. Ɗayar majami'ar, Salatul Fasiyyin, ita ma a leƙa ta in a buɗe take. Bayan masu ita sun watse har wurin saƙar dardumai da wurin koyon dambe aka mayar da ita, sai a 2013 aka buɗe ta bayan gyara, firaminista na lokacin Abdul'ilah Benkiran ya halarta. Sunanta ma, wato majami'ar mutanen Fas, yana tuna rabuwar da ke tsakanin Yahudawan, akwai 'yan asalin gari, akwai kuma waɗanda aka koro daga Andalus a 1492 tare suka zo da nasu al'adun da nasu malaman.

Masu riƙe makullan wuraren nan galibi Musulmi ne 'yan unguwa, don Yahudawan sun tafi. A ƙarshen shekarun 1940 sun kai kusan 250,000 a Maroko, yau 'yan dubbai kaɗan suka rage kuma yawancinsu a Kasabalanka, sauran sun koma Isra'ila da Faransa da Kanada. Na san abin da ke ran mai karatu game da Falasɗinu, yana raina ni ma, amma dattijon da ke buɗe maka ƙofa ba shi ne wurin kai ƙara ba, haka baƙon da za ka tarar yana kuka a kan kabarin kakarsa. Gaisa, ka ba shi wuri.

Ku fito babban titin Mallah ka ɗaga kai. Gidajen tsohon Fas baya suke juya wa titi, duk kwalliyar tana tsakar gida, amma nan barandar katako da ta ƙarfe ce a sama tana kallon hanya. Yawancin abin da kake gani an sake gina shi ne bayan Afrilun 1912, lokacin da sojojin sarki suka yi tawaye kan yarjejeniyar da ta miƙa Maroko ga Faransa, aka wawashe unguwar aka ƙona, mutane da dama suka mutu, dubbai suka gudu cikin fada suka fake. Har yanzu akwai shagunan zinariya a wajen, sana'ar da aka gada daga gare su. Tambayi ɗan jagora ya ba ka labarin sakhina, tukunyar nama da ƙwai da alkama da ake kaiwa gidan burodi ranar Juma'a ta kwana a wuta don ba sa hura wuta ranar Asabar, da bikin Mimuna na bayan idinsu na Faska da maƙwabta Musulmi ke kawo musu fulawa da zuma da man shanu.

In ƙafa ba ta gaji ba kar ku tsaya a nan. Ku bi ta Bab Sammarin, ku ratsa kasuwar Fas Jadid, ku huta a lambun Jinan Sabil, ku shiga tsohon gari ta Bab Bujulud ku gangara Tala'a Kabira. Daura da makarantar Bu Inaniya akwai ragowar agogon ruwa na 1357, katakai ne suka leƙo daga bango, a lungun da ke nan ne mutanen gari ke nuna gidan da aka ce Musa bin Maimun ya zauna, babban malamin Yahudawa kuma likita haifaffen Ƙurɗuba, wanda ya yi 'yan shekaru a Fas wajen 1160 kafin ya wuce Masar ya yi likitanci a fadar Salahuddin. Da Larabci ya rubuta yawancin littattafansa. Nan ya kamata ka sallami ɗan jagora, ka biya shi abin da kuka yi, in ya yi ƙoƙari ka ƙara masa na shayi, don daga nan zuwa ƙasa shagunan fata da na dardumai ne kuma zai so ya raka ka.