Yadda ake tsara wurin ɗaukar fim ɗin yara

Mai tsara wurin ɗaukar fim shi ne ke da alhakin duk abin da idon mai kallo zai gani a bayan 'yan wasa, tun daga launin bango har zuwa kwanon da ke hannun yaro. Aikinsa yana farawa ne da karanta labarin a tsanake, ya rubuta kowane wuri da kowane kaya da aka ambata, sannan ya zauna da darakta da mai ɗaukar hoto su tsayar da launuka kafin a sayi ko gwangwanin fenti ɗaya.

A fim ɗin yara, wajibi ne ka durƙusa ka dubi ɗakin daga tsayin ɗan shekara 7, domin a nan za a ajiye kyamara, kuma daga nan ƙarƙashin tebur da rufin ɗaki duk suna fitowa, wuraren da masu tsarawa suka saba mantawa da su. Idan makarantar allo ce, ka nemi allunan da suka sha wanki da tawada, saboda sabon allo yana tona asirin shiri nan take.

Lafiyar yaran tana gaba da kyawun hoto, don haka a binne wayoyin lantarki, a nisanta fitilu masu zafi, a maye gurbin gilashi da roba. Ka tanadi biyu na duk abin da yaro zai riƙe, kuma ka kammala shiri kafin isowarsu, tunda yaro yana saurin gajiya.

Mai sha'awar sana'ar ya fara a matsayin mataimaki, ya koyi zane da ɗan aikin kafinta, ya riƙa adana hotunan ayyukansa domin nuna wa furodusoshi.