Yadda mai tace fim zai fara aiki a fagen finafinan gwaji

Fim ɗin gwaji ba ya bin labari mai farko da ƙarshe, saboda haka nauyin da marubuci yake ɗauka a fim na kasuwa yakan koma kan mai tacewa, wato wanda yake yanka hotuna da sauti ya jera su. Wanda yake son shiga wannan fage sai ya horar da idonsa tun kafin ya damu da na'ura.

Ya fara da kallon ayyukan magabata a tsanake, yana dakatar da fim yana auna tsawon kowace yanka. Daƙiƙa ɗaya ta fim tana ɗauke da hotuna 24, kuma a wannan fage kowane ɗaya daga cikinsu yana da daraja. A 1960 Peter Kubelka, ɗan ƙasar Ostiriya, ya haɗa fim da farin hoto da baƙi kawai, tare da ƙara da shiru, har ya zama jerantawar ce kaɗai abin kallo. Bayan kallo sai gwaji irin na Lev Kuleshov na Rasha: a ɗauki fuska guda wadda ba ta nuna komai, a biyo ta da kwanon abinci, sannan a sake biyo ta da makara, a lura da yadda ma'anarta take sauyawa alhali fuskar ba ta motsa ba. A ganina wannan atisaye ya fi darussan koyon manhaja amfani nesa ba kusa ba.

Manhaja ba matsala ba ce, domin manhajar tace fim ta DaVinci Resolve tana da nau'in kyauta wanda ya wadatar.

Aikin farko yawanci na mataimaki ne, wato sanya wa fayiloli suna, daidaita sauti da hoto, da adana kwafi a wuri biyu. Kada a raina shi, domin daraktan fim ɗin gwaji yakan kawo hotunan da ya tara cikin shekaru ba tare da rubutaccen tsari ba, kuma wanda ya jera su shi ne ya fi kowa sanin abin da ke ciki.

Kuɗi kaɗan ne a nan, don haka da yawa sukan riƙe aikin talla ko na talabijin a gefe. Suna kuwa a bukukuwan finafinai ake yinsa, irin na Oberhausen a Jamus da aka fara a 1954, da na Ann Arbor a Amurka da aka fara a 1963. Saboda haka tun kafin a fara aiki, a rubuta yarjejeniya da darakta kan ladan aiki da yadda sunan mai tacewa zai fito a fim.