Yadda Ake Karanta Tarihin Gandun Bishiyoyi na Jami'a

Gandun bishiyoyi na jami'a wuri ne da ake tara bishiyoyi da ƙananan itatuwa domin koyarwa da bincike, ana kuma riƙe da rajistar kowace bishiya tun daga ranar da irinta ya iso. Wanda yake son fahimtar irin wannan wuri ya kamata ya fara da neman taswirarsa da shekarar kafuwarsa kafin ya taka ƙafa a ciki, domin manufar waɗanda suka kafa shi ita ce ke bayyana dalilin da ya sa aka dasa wannan a nan, aka dasa wancan a can.

Gandun Arnold na Jami'ar Harvard, da ke birnin Boston a Amurka, misali ne mai kyau. An kafa shi a 1872, faɗinsa eka 281 ne, kuma shugabansa na farko, Charles Sprague Sargent, ya tsara shi tare da Frederick Law Olmsted, ƙwararre a tsara lambuna, ta yadda bishiyoyi 'yan dangi ɗaya za su tsaya kusa da juna, mai tafiya ya bi su dangi bayan dangi. A 1882 filin ya shiga cikin wuraren shaƙatawa na birnin, jami'ar kuma ta karɓi hayarsa na shekara 1,000. Gandun Jami'ar Wisconsin da ke Madison, wanda aka ƙaddamar a 1934, ya ɗauki wata hanya dabam, domin masanin muhalli Aldo Leopold da abokan aikinsa sun fi damuwa da farfaɗo da ciyayi da dazuzzukan asali na yankin a kan gonakin da noma ya gajiyar. Idan ka shiga na biyun kana neman jerin dangogi irin na farkon, za ka fita ba ka gane abin da ka gani ba.

Aiki mafi muhimmanci, a ganina, shi ne koyon karanta ƙaramin allon ƙarfe da ake rataya wa bishiya, wanda mafi yawan baƙi suke wucewa ba su duba ba. Ka neme shi a jikin kututture ko a wani reshe na ƙasa, ka juya shi a hankali ba tare da ka ja wayar da ke riƙe da shi ba. Za ka tarar da sunan kimiyya mai kalmomi biyu na Latin, bisa tsarin da Carl Linnaeus ya daidaita a 1753, inda kalmar farko ke nuna jinsi, ta biyu kuma ke nuna nau'i. Kusa da sunan akwai sunan dangi, da lambar rajista, sau da yawa kuma da bayanin inda aka samo bishiyar. A tsarin da Arnold ke bi yanzu, lambar tana ɗauke da shekarar da aka karɓi irin, sai harafi a ƙarshe wanda ke bambance bishiyoyin da suka tsiro daga irin da aka karɓa tare. Ka rubuta lambar nan daidai a littafinka, domin da ita ce ma'aikata za su iya fito maka da sunan wanda ya tsinko irin, da wurin da ya tsinko shi, da ko daga daji aka samo shi ko daga wani lambu. Bishiyar da aka san asalinta na daji ta fi daraja ga mai bincike nesa ba kusa ba, ko da wadda ke gefenta ta fi ta kyan gani.

Bishiyar Metasequoia ta nuna amfanin wannan dabara. A 1941 aka ba ta wannan suna daga burbushinta da aka samu a cikin duwatsu, ana zaton ta daɗe da ƙarewa a duniya, sai ga shi an gano ta da ranta a tsakiyar ƙasar Sin. Irinta ya isa Arnold a 1948, daga nan aka rarraba shi ga lambuna a ƙasashe da dama, saboda haka duk wanda ya ga 48 a allon irin wannan bishiya a can ya san yana gaban ɗaya daga cikin na farkon.

Bayan ka gama da fili, ka nemi izinin ganin ma'ajiyar busassun tsirrai, inda ake adana ganye da fure da aka matse aka manna a takarda tare da kwanan wata, ka kwatanta su da abin da ka gani a raye. Ka kuma zaɓi bishiya huɗu ko biyar ka riƙa komawa gare su a lokuta dabam-dabam na shekara, kana rubuta ranar tohonsu da ranar furensu da ranar zubar ganyensu. Kada ka tsinki iri ko reshe ba tare da izinin mai kula da gandun ba, domin wataƙila wani ɗalibi yana auna wannan reshen a bincikensa.