Yadda ake rubuta labarin guba da zai shiga kai

Ƴan uwa masu rubuta labari a WhatsApp da Facebook, kwanakin ga na karanta labarai da dama da anka kashe mutum da guba a ciki, kuma duka hanya guda sunka bi: kishiya ta shiga madafa ta barbaɗa wani abu, Alhaji ya kai loma guda, ya riƙe wuya, ya faɗi matacce, shi ke nan. Wallahi abin na damuna, don labarin guba na cikin waɗanda sunka fi daɗi in an iya shi. To ga yadda nike ganin ya kamata a bi.

Kahin ka zaɓi gubar, zauna ka yi tunanin kwanon. Mai bindiga na iya zuwa daga nesa, amma mai guba sai wanda anka yarda da hannunshi, wanda ke dama ma hura ko ke miƙo ma shayi ka karɓa ba ka ko duba ba. Nan ne duk zahin labarin yake, cin amana ne. A Faransa zamanin Sarki Luwi na 14, daga 1677 zuwa 1682, anka yi ta shari'ar masu guba har an kashe mutum 36, cikinsu da wata mai saida guba, La Voisin, da anka ƙona a 1680, kuma masu zuwa wurin irinta galibi ƴan cikin gida ne, mata da sunka gaji da miji da masu jiran gado. Har Faransawa sunka laƙaba ma gubar arsenik suna garin cin gado.

To mu nan Maraɗi muna da abin da su ba su da shi, cin abinci cikin kwano guda. Mutum shida sun zauna kan tuwo, ko ƴan fada sun sha shayi daga buta guda, na fari da na biyu da na uku, mutum ɗaya kaɗai ya kwanta. Ya aka yi? Wannan tambayar kawai ta isa ta riƙe mai karatu babi goma. Kwanon maigida dabam ake ajiye shi, wa ya ɗauka daga ɗaki zuwa zaure, wa ya tsaida yarinyar a hanya ya aike ta sayen goro, ranar girkin wa ce, kuma wa ya san ranar girkinta ce har ya zaɓi ranar don zargi ya faɗa kanta? Don Allah ku bar kishiya ta huta. Kowa ita zai fara zargi, to ka bar gari duka ya zarge ta, kai kuma ka ɓoye mai laihin can wurin da ido bai zuwa, yaron shago ko ƙanen da ke riƙe da takardun hili.

Sai batun jiki da lokaci, nan ne mafi yawanmu muke faɗuwa. Guba kaɗan ce ke kada mutum nan take, kowace da tahiyarta. Sokrates, masanin falsafa na Girka, da anka ba shi gubar wani tsiro a Atina shekara ta 399 kahin haihuwar Annabi Isa, an ruwaito cewa daga ƙafa jikin ya fara mutuwa yana hawa sama, shi ko yana magana da almajiranshi. Arsenik amai da zawo yake kawowa kamar kwalara, shi ya sa da can anka binne mutane da yawa ba wanda ya yi zargi. Zaƙami da muka sani, haukata-yaro, baki ke bushewa, ƙwayar ido ta buɗe, mutum ya yi ta sambatu yana kamun abin da babu. Maganin ƙwari irin su fiya-fiya kuwa akasin haka, yawu da zufa, ƙwayar ido ta tsuke, ga warin da ba ya ɓoyuwa, saboda haka in ka rubuta wai an sha shi cikin ruwan sanyi ba a ji komi ba, duk manomin da ya taɓa feshi zai san ba ka bincika ba. Kwankwani da tunya na maharba ne, dahin kibiya, su dace da labarin zamanin yaƙin Gobir da Katsina.

Ka nemi mai aikin farmasi ko infirmiye ka tambaye shi abin da ake gani a jikin marar lahiya. Agatha Christie, marubuciyar labaran bincike ta Ingila, aikin haɗa magani ta yi a gidan likita lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, daga nan ta samo saninta. A wani littahinta na 1961 ta bayyana yadda gubar taliyom ke zubda gashin kai, bayanin ya yi daidai har cikin shekarun 1970 wata infirmiya a Landan da ke karanta shi ta gane abin da ke damun wata jaririya da anka kawo daga Katar, anka ceto ta.

Yanzu mai bincikenka. Matsalarshi ta farko ita ce mu ba mu barin gawa ta kwana, an rasu da hantsi, kahin la'asar an kai. In jandarma ya ce a dakata a duba, dangi za su ce kwana ne ya ƙare, a bar mu da abin da Allah ya yi. Kada ka tsallake wanga rikici, rubuta shi da kyau, da liman da dattijan unguwa da uwar da zuciyarta ta ƙi yarda. Sannan ka bar mishi abin kamawa: sauran hura cikin ƙwarya, kazar da ta tsattsagi abin da anka zubda bayan ɗaki ta mutu, tsumman da anka goge amai. In labarinka ya aika da su labo a Yamai, tuna hanya ce ta sama da kilomita 600 kuma sakamako ba gobe zai dawo ba, cikin kwanakin jiran ga ne mai laihi zai yi kuskure. Haka tarihi ya tahi, sai da wani masanin kimiyya na Ingila, James Marsh, ya fito da gwajin gano arsenik a 1836 sannan masu garin gado sunka fara shiga hannu, a 1840 likita Orfila ya gano shi a gawar mijin wata Bafaranshiya, Marie Lafarge, anka ɗaure ta.

Mutanen labarin za su ce sammu ne, ka bar su su ce, haka muke. Amma kai marubuci ka yanke tun farko, in labarin bincike ne to hujja za ta warware shi, ba mafarkin boka ba.

Wata dabara da nike so ƙwarai, guba babu mai guba. Nan kusa a Tibiri, ruwan famfo mai yawan sinadarin fuluwor ya lanƙwasa ƙafafun yara da yawa ya ɓata musu haƙora tun daga tsakiyar shekarun 1980, an daɗe kahin a gano daga ruwa ne. A Zamfara a 2010 gubar dalma daga niƙan dutsen zinariya cikin gidaje ta kashe yara sama da 400. Ka kwatanta gidan da anka saki mace kan zargi, ashe rijiya ce.

Abu guda da ba ni son gani shi ne marubuci ya rubuta awo, cokali kaza cikin kaza. Labari bai buƙatar shi, ko kaɗan, kuma yara ƙanana na karanta mu a wayoyin iyayensu ga kwalbar maganin sauro bayan ƙofa. In kuma mutumin naka zai tsira, kada ka sa a ɗura mishi manja ko madara ko a tura mishi yatsa ya yi amai, mutane na kwaikwayon abin da sunka karanta kuma hakan na iya ƙara ɓarna. Ka sa a ɗauke shi bisa kabu-kabu ko a-daidaita a ruga likita da shi, wani ya biyo da kwalbar a hannu don a ga sunan abin da ya sha.