Yadda mace ke shiga harkar fim da talabijin a Birtaniya

'Yan wasa da yawa ta makarantar koyon wasan kwaikwayo suke farawa, irin su RADA da LAMDA a Landan. Karatun digiri shekara 3 ne. RADA ɗalibai kusan 28 take ɗauka a shekara, don haka ki nemi makarantu da yawa lokaci guda. A gwajin shiga ana son jawabi biyu da ka, kowanne kamar minti 2: ɗaya na Shakespeare ko zamaninsa, ɗaya na yanzu. Wani kuskure da ke kayar da mutane shi ne zaɓar taka rawar wanda ya girme su a shekaru.

Bayan kammalawa, ki yi rajista da Spotlight, shafin intanet da masu zaɓen 'yan wasa ke dubawa, ki shiga Equity, ƙungiyar ƙwadago ta 'yan wasa. Hotonki ya yi kama da ke. Wanda aka ƙawata fiye da kima ɓata miki suna zai yi. Wakili, wato mai nemo miki aiki, in na gaskiya ne kaso yake cira daga abin da kika samu, galibi 10 zuwa 15 cikin ɗari. Wanda ya nemi kuɗi tun farko, ki rabu da shi.

Yanzu gwajin farko na neman aiki galibi bidiyo ne da za ki ɗauka a gida: waya a kwance, bango fili, ido gefen kyamara. Rashin sauti mai kyau ya fi rashin haske illa.

Sai haƙuri. 'Yar wasa Olivia Colman ta gama makarantar Bristol Old Vic a 1999, ta daɗe a wasannin barkwanci na talabijin, kyautar Oscar kuwa sai 2019.