Kafin ka sa hannu a takardar mogej, ka tambayi jimillar kuɗin

Da na zo gida Gombe hutun babbar sallah, kusan kullum bayan isha'i muna zaune a majalisar ƙofar gida a Pantami, kuma hirar duk inda ta zaga sai ta dawo kan biza da gida. Akwai ƙanina ɗan kawunmu, nas ne, ya samu aiki a Ingila yana shirin tafiya, wata rana ya ce min Yaya ance can ba a gini, banki ne ke saya maka gida kana biya duk wata kamar haya, toh in haka ne me zai sa in zauna ina ba wani kuɗin haya alhali da kuɗin nan zan iya mallakar nawa? Wallahi tambayarsa daidai take, nima haka na yi tunani lokacin da na je. Abin da na gaya masa a daren nan shi zan rubuta anan saboda nasan akwai 'yan uwa da yawa daga Gombe da Bauchi da suka sauka kwanan nan, kuma wannan maganar tana yawo a zukatansu.

Mu anan gida kowa yasan yadda ake yi. Ka sayi fili a Tumfure ko bayan bayfas, ka zuba bulo, bana ka kai linta, in kuɗi sun yanke ginin ya tsaya ya jira ka, baɗi ka sa kwano. Ba wanda ke binka, kuma duk abin da gidan ya ci da idonka ka ga fitarsa. Mogej, wato bashin sayen gida daga banki, ba haka yake ba, ka shiga gidan tun ranar farko amma ba ya jira, kuma ainihin abin da gidan zai ci maka yana ɓoye ne a cikin shekaru 25 ko sama. Dillalin mogej zai nuna maka abin da zaka biya a wata, kai kuma ka kwatanta da hayar da kake biya ka ga ai kusan ɗaya ne, shikenan zuciya ta kwanta. Wannan kwatancen shi ne yake kayar da mutanenmu.

Bari mu yi lissafi, ka ɗauko kalkuletar wayarka ma ka bi ni. Ace gidan fam 220,000 ne, ka tara fam 20,000 ka bayar a matsayin dipozit, banki ya baka bashin 200,000 da kuɗin ruwa kashi 5 cikin ɗari a shekara, za ka biya cikin shekara 25. Duk wata zaka ba da kusan fam 1,169. Ka ninka sau wata 300, ya kama kusan fam 350,700. Kaga bashin 200,000 ka karɓa amma abin da ka mayar ya haura da fam 150,000, wato sama da kashi biyu cikin uku na wani gidan ka biya a matsayin ruwa. Na ga ƙanin nan nawa ya yi shiru yana kallon wayar, sai ya ce Yaya ai wannan gida biyu saura kaɗan ne. Nace masa bari ma ka ji sauran.

A watan farko, cikin 1,169 ɗin nan kusan 833 ruwa ne, 336 kawai ke sauka daga uwar bashin. Haka abin yake tafiya a shekarun farko, ruwa ke cinye mafi yawa saboda ana lissafa shi ne a kan abin da ya rage maka. Bayan shekara 5 cif ka biya kusan fam 70,000, amma in ka duba bashin zaka ga saura kusan 177,000, abin da ya ragu bai kai 23,000 ba. Wannan yana da muhimmanci sosai garemu saboda da yawanmu ba mu je da niyyar zama har tsufa ba, mutum yana cewa shekara biyar shida zan yi in dawo gida ko in wuce Saudiyya ko Kanada. In niyyarka kenan toh ka sani mafi yawan abin da ka zuba a shekarun nan ba naka bane, sai dai in farashin gidan ya tashi, kuma tashin farashi ba wanda zai maka alkawarinsa.

Sai kuma tarkon tsawaita shekaru. In aka ga albashinka ya yi kaɗan za a ce toh a mayar shekara 35 don biyan wata ya yi sauƙi, kuma da gaske zai sauka zuwa kusan 1,009, ka samu sauƙin fam 160 a wata. Amma jimillar ta koma kusan fam 424,000, ƙarin sama da 70,000 kenan. Ban ce kar kowa ya karɓi doguwar hanya ba, wani dole ce ta sa shi, yara huɗu ga hidimar gida Najeriya, amma ya karɓa yana sane da abin da ya saya.

Wancan lissafin duk na yi shi ne kamar ruwan zai tsaya a kashi 5 har ƙarshe, alhali a Ingila ba haka ake yi ba. Yawanci ana ɗaure maka farashi ne na shekara 2 ko 5, shi suke kira fiks, in ya ƙare ko ka sake sabuwar yarjejeniya da farashin kasuwar ranar ko kuma a jefa ka kan farashin bankin na yau da kullum da ake kira SVR, wanda yawanci ya fi tsada. Waɗanda suka daɗe a can sun sha wannan. Babban bankin Ingila ya riƙe ruwa a kashi 0.1 tun Maris 2020 har Disamba 2021, daga nan ya dinga ɗagawa har ya kai 5.25 a Agusta 2023, ga kuma ruɗanin da aka shiga a Satumba 2022 lokacin ƙaramin kasafin kuɗin gwamnatin Liz Truss da bankuna suka dinga janye tayinsu. Bashin 200,000 na shekara 25 a kashi 2 kusan fam 848 ne a wata, a kashi 6 kuma kusan 1,289. Gida ɗaya, mutum ɗaya, albashi bai motsa ba. A Amurka nasu daban ne, can an saba da ɗaure farashi na shekara 30 gaba ɗaya, sai dai ga harajin gida duk shekara da inshorar da ake ɗora wa wanda dipozit ɗinsa bai kai kashi 20 ba. Kanada kuma sun fi kama da Ingila, yawanci duk shekara 5 ake sabuntawa.

Nasan tun ɗazu wani na cewa malam ai duk wannan riba ce, me ya kai musulmi. Gaskiya ne maganar ba ƙarama bace kuma ni ba malami bane. Majalisar fatawa ta Turai ta ba da sauƙi a 1999 ga wanda lalura ta kama shi a kan gidan da zai zauna da iyalinsa, malamai da yawa kuma basu yarda da fatawar ba, don haka kowa ya zauna da malamin da ya aminta da ilminsa da tsoron Allahnsa. Ni dai hanyar musulunci na bi, irin ta musharaka da ijara, inda ku da bankin kuke tarayya a gidan, kana sayen kasonsu kaɗan kaɗan kana kuma biyan hayar kason da bai zama naka ba tukuna. Hukumar FCA mai kula da harkokin kuɗi a Ingila tana sa ido a kansu kamar sauran. Zuciyata ta natsu da ita har yau, amma dan Allah kar wanda ya ɗauka tunda halal ce ai ba sai an yi lissafi ba. Hayar nan ita ma ana ɗaure ta ne na 'yan shekaru sannan ta bi kasuwa, kuma sau da yawa tana ɗan fin ta sauran bankuna tsada. Nawa ɗaurin ya ƙare a 2023, biyan wata ya tashi da sama da fam 300, a daidai lokacin da nake biya wa ƙannena biyu kuɗin makaranta a nan gida kuma mahaifiyarmu bata da lafiya. Watanni na yi ina karɓar ƙarin aikin dare. Ba wanda ya ɓoye min komai, yana cikin takarda, ni ne idona ya tsaya a kan biyan wata.

Takardar nan da nake faɗa, duk mai ba da mogej a Ingila dole ya baka ita kafin ka amince. A ciki akwai layin da ke nuna jimillar abin da zaka biya har ƙarshe, da wani da ke cewa duk fam 1 da ka karɓa zaka mayar da kaza, da kuma APRC wanda ya haɗa ruwa da caje-caje na tsawon bashin gaba ɗaya. Ka tafi da ita gida, ka karanta da matarka ko mijinki, in turancin ya yi nauyi ka nemi wanda ya riga ka saye ku zauna, ba abin kunya bane.

Akwai kuma kuɗaɗen da basa cikin biyan watan kwata-kwata. Kuɗin lauya, kuɗin safiyo da zai duba lafiyar gidan, wani lokaci kuɗin dillali, sai kuɗin buɗe yarjejeniya da ake yawan sawa fam 999. Za a ce maka ba sai ka biya yanzu ba a zuba shi cikin bashin, toh in ya zauna a ciki shekara 25 a kashi 5 ya zama kusan fam 1,750, kuma duk sanda ka sabunta fiks ana iya sake cajin wani. Inshorar gini dole ce. Harajin kansil, wato na ƙaramar hukuma, dama ko haya kake kana biya. Gyara kuma ya dawo kanka, ranar da boila mai ɗumama gida da ruwa ta mutu a tsakiyar sanyin Janairu ba mai gidan da zaka kira, kai ne mai gidan. In fulat ne ko gidan lisihol, wato wanda mallakarka a kansa ta wasu ƙayyadaddun shekaru ce da ake kira lis, akwai sabis caji na kula da ginin duk shekara wanda yake iya tashi, wani wurin har da kuɗin hayar ƙasa, kuma ka tambayi shekarun da suka rage a lis ɗin don in sun yi ƙasa da 80 sayar da shi nan gaba wahala ne.

Abin da ya fi min daɗi a lissafin shine shima yana aiki ta ɗaya ɓangaren. A misalinmu na farko in ka ƙara fam 100 kacal duk wata, bashin zai ƙare kusan shekara uku da rabi kafin lokaci kuma ka tsira da kusan fam 24,000. Yawancin bankuna suna barin ka ƙara har kashi 10 na bashin a shekara ba tara, in ka wuce haka ko ka ce zaka biya duka ka fita kafin fiks ya ƙare sai su ci ka tarar fita da wuri. Mu da muka saba da adashe wannan ba baƙon abu bane, kwasarka ta zo ka zuba a uwar bashin. Kuma tunda kana kan biza ne baka samu zaman dindindin ba, bankuna da yawa za su nemi dipozit mai kauri, don haka shekara biyun farko ni shawarata ka yi haya, ka yi rajistar zaɓe tunda ɗan Najeriya mai izinin zama yana da dama a matsayin ɗan ƙungiyar Kwamanwel, ka biya kowane bil a kan lokaci don tarihin bashinka ya ginu, ka tara.

In kuwa biya ya gagara, Allah ya kiyaye, banki na iya zuwa kotu ya karɓe gidan ya sayar, kuma in kuɗin bai rufe bashin ba ragowar tana nan a wuyanka. Shi ya sa nace wa ƙanina lokacin da zai auna ƙarfinsa ya fara cire abin da yake turowa gida, kuɗin Hajiya, na makarantar yara, na azumi da layya, da tikitin zuwa ganin gida. Fom ɗin banki bai san da waɗannan ba sai ka faɗa, kai kuma kasan ba zaka iya daina su ba.

Har mun tashi za mu shiga sai na tuna da maganar sitam duti, harajin da ake biya ranar sayen gida a Ingila. Tun 1 ga Afrilu 2025 wanda bai taɓa mallakar gida ba baya biyan komai har zuwa fam 300,000. Amma abin da suke nufi shine bai taɓa mallaka a ko'ina a duniya ba, har Gombe, har Bauchi, kuma ko na gado ne yana shiga lissafi. A gidan 220,000 ɗin nan, wanda ya rasa wannan rangwamen zai biya fam 1,900, in kuma har yanzu yana riƙe da wani gidan da darajarsa ta kai fam 40,000 ana iya ɗora masa ƙarin kashi 5, ya zama 12,900. Sikotland da Wales kuma nasu harajin daban. Nan take ƙanina ya ce Yaya toh gidan marigayi Baba na Jekadafari fa da aka raba mana? Nace masa ka je ka karɓi kwafin takardar rabon gadon ka sa a jakarka, ranar da ka zauna da lauya a can ita zaka fara ajiye masa a tebur ka gaya masa gaskiyar yadda abin yake, shi zai faɗa maka nawa ne naka.